Darasi na 9: Harshen Shari'a: Cancanta da Keɓaɓɓun Guraben Aiki a Gaban Kotunan Indiya

1.0 Gabatarwa

Harshen shari'a yana daga cikin nau'o'in harshe na musamman da ya kamata malamin Hausa ya naƙalta. Abin da ya bambanta shi da maganar yau da kullum shi ne, a cikinsa ma'anar kalma guda tana iya ba mutum aiki ko ta raba shi da shi. A wannan darasi za a nazarci wani rikici da kotunan ƙasar Indiya suka shafe shekaru suna fama da shi, wato matsayin ɗan takarar da doka ta keɓe wa rukuninsu guraben aikin gwamnati, amma ya ci makin da ya kai na kowa. Shin a gurbin da aka keɓe wa rukuninsu za a ƙidaya shi, ko a gurbin da kowa yake iya nema? An zaɓi wannan batu ne domin yawancin gardamar ta ta'allaƙa ne a kan ma'anar kalmomi, sannan wasu daga cikin manyan shari'o'in sun taso ne daga ɗaukar malaman makaranta aiki.

2.0 Manufar Darasi

A ƙarshen wannan darasi ana sa ran ɗalibi zai iya:

i. bayyana tushen keɓe guraben aiki a ƙasar Indiya;
ii. bambance keɓaɓɓen gurbi da buɗaɗɗen gurbi;
iii. kawo muhimman hukunce-hukuncen Kotun Ƙoli a kan batun da dalilansu;
iv. nuna yadda harshen damo yake haifar da ƙara a kotu.

3.0 Ƙunshiyar Darasi

3.1 Tushen Keɓe Gurabe a Indiya

Al'ummar Indiya ta daɗe tana kase zuwa rukunonin gado da ake kira jati. Mutum yana gadon rukuninsa tun daga haihuwa, kuma a al'adance rukunin ne yake yanke masa sana'a da wadda zai aura da waɗanda zai ci abinci tare da su. A can ƙasa akwai mutanen da ake ƙyamar ko taɓa su, waɗanda a yau aka fi sani da Dalit. An daɗe ana hana su rijiyar gari da wuraren ibada da makaranta. Kada ɗalibi ya ɗauka wannan daidai yake da sana'o'in gado na ƙasar Hausa, irin su wanzanci da ƙira da fawa, domin tsangwamar da ke cikinsa ta yi nisa ƙwarai.

Kundin tsarin mulkin Indiya ya fara aiki ranar 26 ga Janairu, 1950. Shugaban kwamitin da ya tsara shi, Dakta B.R. Ambedkar, shi kansa Dalit ne. Sashe na 17 ya haramta al'adar ƙyamar taɓa mutum. Sashe na 16(1) ya ba kowane ɗan ƙasa dama iri ɗaya wajen neman aikin gwamnati, sai kuma sashe na 16(4) ya halatta wa gwamnati keɓe gurabe ga duk rukunin da aka bari a baya, wanda a ganinta ba shi da isasshen wakilci a ma'aikatu. Sashe na 335 kuwa ya ce a yi la'akari da haƙƙin Dalit da ƙabilun asali ba tare da an tauye ingancin aiki ba. Daga waɗannan sassa uku kowane ɓangare yake ɗebo hujjarsa.

Ba a jima ba aka fara zuwa kotu. A shekarar 1951, a shari'ar Champakam Dorairajan, Kotun Ƙoli ta soke tsarin jihar Madaras na raba guraben kwalejojin likita da injiniya bisa rukuni. A shekarar ce majalisa ta yi wa kundin gyara na farko, ta ƙara sashe na 15(4) domin halatta tanadi na musamman. A 1962 kotun ta soke keɓe kashi 68 cikin ɗari na guraben karatu da jihar Maisur ta yi, ta ce bai kamata keɓewa ta haura rabi ba.

3.2 Ma'anar Muhimman Kalmomi

Kafin a shiga cikin shari'o'in, ya dace a tantance kalmomi shida.

Keɓaɓɓen gurbi: gurbin aiki da doka ta ware wa wani rukuni, wanda ba ɗan rukunin ba ba ya samun sa.

Buɗaɗɗen gurbi: gurbin da ba a ware wa kowa ba. Siffofin "keɓaɓɓe" da "buɗaɗɗe" an samo su ne daga aikatau "keɓe" da "buɗe", kuma kishiyoyin juna ne ta fuskar ma'ana.

Cancanta: a harshen waɗannan shari'o'i, matsayin ɗan takara a jerin sakamako gwargwadon makinsa.

Makin tsallakewa: makin mutumin ƙarshe da aka ɗauka a wani rukuni.

Sassauci: rangwamen da ake yi wa 'yan keɓaɓɓen rukuni, ko a shekaru, ko a kuɗin takarda, ko a maki. A ayyukan gwamnatin tarayyar Indiya akan ƙara wa Dalit da ƙabilun asali shekara 5 a kan iyakar shekarun neman aiki, sauran rukunonin da aka bari a baya kuma shekara 3.

Keɓewa ta tsaye da ta kwance: ta tsaye ita ce wadda aka gina a kan rukunin gado. Ta kwance kuwa, kamar ta mata da ta naƙasassu, tana ratsa dukkan rukunonin tsaye ne.

Abin lura a nan shi ne, kalmar da takardun ɗaukar aiki suke yawan kiran buɗaɗɗen gurbi da ita tana daidai da "gama-gari" a Hausa, kuma tana da harshen damo. Idan aka ce "dokar gama-gari" ana nufin wadda ta shafi kowa da kowa. Idan kuwa aka ce "gama-garin mutane" ana nufin sauran jama'a, ban da wasu na musamman. To "gurbin gama-gari" fa? Na kowa ne, ko na waɗanda ba a keɓe wa komai ba? Wannan tambaya ita ce cibiyar darasin.

3.3 Hukuncin Shekarar 1992

Tun farko gwamnatin tarayya ta keɓe wa Dalit da ƙabilun asali gurabe, waɗanda suka tsaya a kan kashi 15 da kashi 7.5 cikin ɗari. A 1979 aka kafa wani kwamiti ƙarƙashin B.P. Mandal domin duba halin sauran rukunonin da aka bari a baya. Rahotonsa na 1980 ya ƙiyasta cewa sun kai kashi 52 cikin ɗari na jama'a, ya ba da shawarar a keɓe musu kashi 27. Rahoton ya yi shekara 10 a ajiye, sai a watan Agusta na 1990 Firayim Minista V.P. Singh ya bayyana cewa za a aiwatar da shi. Ɗalibai suka yi ta zanga-zanga a arewacin ƙasar, maganar ta dangana da Kotun Ƙoli.

A watan Nuwamba na 1992 alƙalai 9 suka yanke hukunci a shari'ar Indra Sawhney, 6 suka rinjayi 3. Hukuncin ya ƙunshi abubuwa kamar haka:

a. kashi 27 ɗin ya halatta;
b. a cire masu hali na cikin waɗannan rukunoni, waɗanda kotun ta kamanta da maiƙon da ke tasowa saman madara;
c. jimlar keɓewa kada ta wuce kashi 50 sai da wani dalili na musamman;
d. wanda ya fito daga keɓaɓɓen rukuni amma ya ci buɗaɗɗen gurbi da makinsa, ba za a ƙidaya shi cikin kason rukuninsu ba.

Ƙa'ida ta huɗu ita ce ta ɗauki ma'anar farko ta "gama-gari". A 1995 alƙalai 5 suka sake jaddada ta a shari'ar R.K. Sabharwal da jihar Punjab. Daga baya an sami sauye-sauye. A 2019 majalisa ta keɓe wa talakawan da ba sa cikin kowane keɓaɓɓen rukuni kashi 10, Kotun Ƙoli ta amince da haka a 2022 da rinjayen alƙalai 3 a kan 2. A 2024 kuma ta halatta wa jihohi su ƙara rarrabe kason Dalit, domin a cikinsu ma akwai zaman kashin dankali, manya suna danne ƙanana.

3.4 Inda Rikicin Yake

Bari a kawo misali domin a ga abin a zahiri. A ɗauka wata ma'aikata za ta ɗauki mutum 200. Bisa kason da aka ambata, Dalit za su sami 30, ƙabilun asali 15, sauran rukunonin baya 54, talakawa 20. Buɗaɗɗun gurabe za su zama 81. A ɗauka kuma cewa cikin mutum 81 da suka fi kowa maki, 12 'yan rukunonin baya ne, sauran 69 ba su da wani kaso.

Hanya ta farko: a fara cike buɗaɗɗun gurabe daga saman jeri ba tare da duba asalin kowa ba. Mutum 12 ɗin nan sun shiga ke nan. Sannan a ɗauko wasu 54 daga rukuninsu a cike keɓaɓɓun gurabe. Jimlarsu ta zama 66.

Hanya ta biyu: a mayar da mutum 12 ɗin cikin kason rukuninsu, a cika da 42, a bar dukkan gurabe 81 ga waɗanda ba su da kaso. Jimlar 'yan rukunonin baya ta tsaya a 54.

Bambancin hanyoyin biyu mutum 12 ne, kuma kowace aka bi akwai gidaje 12 da za su rasa albashi. Sai dai hanya ta biyu tana da illa babba. Ta mayar da kaso ya zama rufin da ba a hayewa, ta kuma mayar da buɗaɗɗen gurbi keɓaɓɓe ga manyan rukunoni. Har ma tana iya kaiwa ga a bar ɗan rukunin baya a waje alhali makinsa ya fi na wanda aka ɗauka a gurbin gama-gari. Saboda haka kotuna suka tsaya a kan hanya ta farko.

Auna Fahimta na 1

1. Kawo ma'anoni biyu na "gama-gari", ka sa kowace a cikin jimla.
2. A misalin da ya gabata, nawa jimlar 'yan rukunonin baya za ta zama a kowace hanya idan 20 ne suka shiga jerin 81 na sama?

3.5 Rassan da Suka Tsiro Daga Ƙa'idar

Ƙa'idar tana da sauƙin faɗa, amma aiki da ita ya haifar da sababbin tambayoyi.

(a) Wanda ya ci moriyar sassauci. A ɗauka ɗan takara ya wuce shekarun neman aiki da shekara 2, sassauci ne ya ba shi damar zama jarrabawa, sai ya zo ya fi kowa maki. Da cancantarsa ya ci ko da taimako? A 2010, a shari'ar Jitendra Kumar Singh wadda ta shafi ɗaukar ƙananan jami'an 'yan sanda a jihar Uttar Pradesh, kotu ta ce sassaucin shekaru da na kuɗin takarda ƙofar shiga fage kawai suke buɗewa, ba sa ƙara wa kowa maki, don haka ba sa hana shi buɗaɗɗen gurbi. A 2017 kuwa, a shari'ar Deepa E.V., kotun ta hana wata mai neman aiki a wata hukumar tarayya irin wannan dama. Mai karatu zai ce hukunce-hukuncen sun ci karo. Idan aka duba da kyau, bambancin yana cikin rubutacciyar ƙa'ida ne. Dokar jihar Uttar Pradesh ba ta hana ba, ita kuwa gwamnatin tarayya tana da wata takardar umarni ta 1998 wadda ta faɗa ƙarara cewa wanda aka yi wa sassauci a kason rukuninsu za a ƙidaya shi. Ke nan lafazin ƙa'idar ɗaukar aikin ne yake raba gardama.

(b) Wanda ya koma kasonsa don samun aiki mafi daraja. Jarrabawa guda ce take ba da manyan ma'aikatan tarayya, kuma mai maki mafi yawa shi yake fara zaɓen ma'aikata. Ɗan keɓaɓɓen rukuni yana iya zama a ƙasan jerin gama-gari, alhali da a jerin rukuninsu yake da yana sama. Da an tilasta masa zama a buɗaɗɗen jeri, da ɗan'uwansa mai ƙarancin maki ya fi shi samun ma'aikata mai kyau, ƙoƙarinsa ya zame masa asara. A 2010, a shari'ar Ramesh Ram, alƙalai 5 suka ce yana da damar komawa kasonsa, amma idan ya koma a can za a ƙidaya shi, gurbin da ya bari kuma ya tafi ga na gaba a buɗaɗɗen jeri.

(c) Mata. A ɗaukar kuratan 'yan sanda a Uttar Pradesh an keɓe wa mata kashi 20. Wasu mata 'yan rukunonin baya sun sami makin da ya fi na mace ta ƙarshe da aka ɗauka a gurbin gama-gari, amma aka bar su, bisa hujjar cewa a keɓewa ta kwance kowa a rukuninsa yake tsayawa. A watan Disamba na 2020, a shari'ar Saurav Yadav, Kotun Ƙoli ta yi watsi da wannan hujja. Ta nuna cewa buɗaɗɗen gurbi ba kason wani rukuni ba ne, sharaɗinsa ɗaya ne, wato maki.

(d) Wanda ya riga ya kama aiki. Shari'a takan ɗauki shekaru, kafin a gama waɗanda aka ɗauka bisa kuskuren hukuma sun daɗe a bakin aiki. A 2022, a wata shari'a ta kamfanin sadarwa na gwamnati, BSNL, kotu ta ce a mayar da 'yan rukunin baya 2 masu maki mai yawa buɗaɗɗen jeri, a ba na bayansu guraben da suka bari. Duk da haka ta yi amfani da ikonta na sashe na 142 ta hana a kori mutum 2 da gyaran zai tura waje, tun da laifin ba nasu ba ne.

3.6 Shari'o'in Ɗaukar Malamai

A Indiya, kafin mutum ya nemi koyarwa a firamare sai ya ci jarrabawar tantance malamai, wadda makin cinta kashi 60 ne cikin ɗari, kuma jihohi suna iya sassauta wa keɓaɓɓun rukunoni. A 2016, a shari'ar Vikas Sankhala daga jihar Rajasthan, Kotun Ƙoli ta ce wannan sassauci na cika sharaɗin nema ne, bai hana malami shiga buɗaɗɗen jeri idan jimlar makinsa a gasar ɗaukar aiki ta kai.

Babbar shari'a a wannan fanni ita ce ta mataimakan malamai 69,000 a Uttar Pradesh. An yi jarrabawa a watan Janairu na 2019, jerin sunaye ya fito a 2020. 'Yan keɓaɓɓun rukunoni suka kai ƙara cewa an ƙidaya masu maki mai yawa daga cikinsu a kasonsu, aka tauye musu dubban gurabe. A farkon 2022 gwamnatin jihar ta fitar da ƙarin jeri na mutum 6,800, shi ma aka ƙalubalance shi. A watan Agusta na 2024 Babbar Kotun Allahabad, a zamanta na birnin Lucknow, ta ba da umarnin a sake tsara jerin gaba ɗaya cikin wata 3. A watan Satumba na shekarar Kotun Ƙoli ta dakatar da wannan umarni domin ta saurari ɗaukaka ƙara. A lokacin wasu malaman sun yi kusan shekara 4 a aji suna fargabar kora, wasu kuma sun yi shekarun nan a gida suna jiran aikin da suke ganin nasu ne. Wannan duka ya samo asali ne daga yadda jami'ai suka fahimci ƙa'idar tsara jeri.

3.7 Hujjojin Ɓangarorin Biyu

Masu adawa da ƙa'idar sukan ce ɗan keɓaɓɓen rukuni yana da ƙofa biyu, sauran suna da ɗaya. Sukan ƙara da cewa idan aka haɗa waɗanda suka shiga ta ƙofofin biyu, adadinsu yakan wuce rabin da kotu ta iyakance, kuma yaron da ke neman aiki yau ba shi ya zalunci kakannin kowa ba.

Masu goyon baya kuwa sukan amsa cewa iyakar kashi 50 ta shafi guraben da aka keɓe ne, ba yawan mutanen da suka yi nasara ba. Wanda ya ci da makinsa ba a keɓe masa komai ba, sashe na 16(1) ne ya ba shi, kamar yadda ya ba kowa. Bugu da ƙari, sukan ce maki kansa yana ɗauke da tasirin makarantar da yaro ya yi da halin gidansu, saboda haka ɗan leburan da ya kamo ɗan babban ma'aikaci a maki ya fi nuna ƙwazo. A nan ɗalibi zai lura cewa "cancanta" ma tana da ma'ana biyu: ƙuntatacciya, wato maki, da faffaɗa, wato dacewa da aiki idan aka duba dukkan halin mutum.

3.8 Kwatanci da Nijeriya

Nijeriya ma tana da tsarin raba daidai, wanda ya shiga kundin tsarin mulki a 1979, yake kuma sashe na 14(3) na kundin 1999. An kafa hukumar kula da shi a 1996. Bambancin shi ne ma'aunin Nijeriya jihar asali ce, na Indiya kuwa rukunin gado. A shari'ar Badejo da Ministan Ilimi na Tarayya an ƙalubalanci bambancin makin tsallakewa tsakanin jihohi wajen shiga kwalejojin gwamnatin tarayya, amma shari'ar ta ƙare a Kotun Ƙoli a 1996 ba tare da an warware ainihin tambayar ba, domin lokacin ɗaukar ɗaliban ya daɗe da wucewa.

4.0 Kammalawa

Daga abin da ya gabata za a fahimci cewa kotunan Indiya sun tsaya a kan cewa buɗaɗɗen gurbi na kowa ne, kuma kaso ba ya hana mai maki ya wuce shi. Inda aka fi samun saɓani shi ne batun sassauci, kuma can ma lafazin ƙa'ida ake bi. Malamin Hausa yana iya samun kansa yana fassara sanarwar ɗaukar aiki, ko yana rubuta ƙa'idar gasa ko ta ba da tallafin karatu. Wajibi ne ya tambayi kansa ko kalmar da ya zaɓa tana ɗaukar ma'ana fiye da ɗaya, idan kuwa haka ne ya fayyace wadda yake nufi tun a rubuce.

5.0 Taƙaitawa

A wannan darasi an yi bayanin tushen keɓe gurabe a kundin tsarin mulkin Indiya, an tantance ma'anar muhimman kalmomi, an kawo hukuncin 1992 da rassan da suka tsiro daga gare shi, wato sassauci da zaɓen ma'aikata da kason mata da matsayin wanda ya riga ya kama aiki. An kuma duba shari'o'in ɗaukar malamai da hujjojin ɓangarorin biyu, aka rufe da kwatanci da Nijeriya.

6.0 Jinga

1. Bambance keɓewa ta tsaye da ta kwance tare da misalai.
2. Me ya sa hukuncin 2010 da na 2017 a kan sassaucin shekaru suka bambanta?
3. Rubuta sanarwar ɗaukar malamai 50 aiki da Hausa, wadda ta keɓe wa mata gurabe 10, ta yadda ba za a yi gardama a kan matsayin macen da ta fi kowa maki ba.
4. Tattauna ma'anoni biyu na "cancanta" a cikin shafi ɗaya, ka nuna wadda ka fi gamsuwa da ita da dalilanka.